Bishiyar Ado Mai Fure Ruwan Ɗorawa: Mu Gane Ta Don Kare Yaranmu

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai.

'Yan'uwa, a harabar masallatai da makarantun Islamiyya muna yawan shuka wata 'yar bishiya don ado, saboda tana jure fari kuma ba ta rabuwa da fure. Masana tsirrai suna kiranta Thevetia peruviana, asalinta daga Meziko da Amurka ta Tsakiya. Abin da da yawanmu ba mu sani ba shi ne, bishiyar nan guba ce tun daga saiwa har 'ya'ya.

Gane ta ba wuya. Ganyenta siriri ne dogo mai sheƙi, furenta ruwan ɗorawa mai siffar mazurari. Ɗanta kore ne mai kusurwa, girmansa kamar goro, yana yin baƙi idan ya nuna. A cikinsa akwai ƙwallo mai tauri da ke ɗauke da ƙwaya 2 zuwa 4. Idan aka karya reshe, farin ruwa zai fito irin na tumfafiya.

Gubarta zuciya take kamawa. Wanda ya ci zai fara da amai, ciwon ciki da jiri, daga nan bugun zuciyarsa ya ragu ko ya rikice. Gubar ta fi yawa a ƙwayar, kuma ɗaya ko biyu suna iya halaka ƙaramin yaro. Yara kuwa sukan tsinci 'ya'yan, su fasa da dutse suna wasa.

Don haka kada mu yi asuwaki da reshenta, kada mu soke nama da shi, kada mu sa itacenta a murhu. Idan yaro ya ci, kada mu tsaya ba shi madara ko manja, kada kuma mu tilasta masa amai. Mu garzaya da shi asibiti ko da yana ta wasansa, domin illar takan ɗauki awoyi kafin ta bayyana. Mu tafi da reshe mai ɗa don likita ya gani.

Yara amana ne a hannunmu, kiyaye rai kuwa yana cikin manyan manufofin Shari'a. Muna kira ga kwamitocin masallatai da malamai su zagaya harabarsu. Inda aka same ta kusa da wurin wasan yara, a cire ta a dasa mangwaro ko gwaba.

Allah Ya tsare mu da zuri'armu, amin.