Tona Ko Kwaɓin Fuska: Wanne Ke Gaba?

Tambayar da ta fi yawa a bakin matan da ke shigowa shagona na gyaran jiki a Masaka ita ce: "Anti, tona zan fara shafawa ko mas?" 'Yammata na yi mini ita, matan aure na yi, har da iyayen amare da ke rako 'ya'yansu. Amsar ta danganta da irin mas ɗin da ke hannunki. Idan kwaɓi ne wanda za ki shafa, ki jira, sannan ki wanke da ruwa, to shi ne gaba, tona ya biyo baya. Idan kuwa irin jiƙaƙƙen ƙyallen nan ne da ake ciro shi daga leda a manna a fuska, wanda ba a wanke ruwansa, to tona ne gaba. Dalilin wannan tsari nake so in shimfiɗa, domin macen da ta gane dalili ba za ta sake rikicewa ba ko da an kawo mata sabon kaya gobe.

Masaka tana cikin ƙaramar hukumar Karu ta jihar Nasarawa, amma yawancin mazaunanta a Abuja suke neman abinci. Ma'aikaciya ko 'yar kasuwa takan fito tun da duku-duku, ta hau motar haya a kan titin Keffi, ta sha cunkoson Mararaba da Nyanya, tagar mota a buɗe saboda zafi, hayaƙin manyan motoci na dukan fuskarta. Da yamma a maimaita. Ga gumi, ga hoda, ga jar ƙurar unguwa da 'yan acaɓa ke tayarwa a layukan da ba su ga kwalta ba. Daga watan Nuwamba zuwa Fabrairu kuma hunturu ya ƙara nasa, iska ta bushe, leɓe ya tsage, fuska ta yi fari fat. Fuskar da ta sha wannan duka tana buƙatar kulawa, ban musa ba. Abin da ke damuna shi ne yadda muke tara mata kaya ba tsari, har maganin ya koma cuta.

Fatar mutum tana da wani siririn rufi a samanta, haɗin maiƙo da gumi, mai ɗan tsami kaɗan. Wasu masana biyu a Jamus, Schade da Marchionini, su suka yi bayaninsa a 1928. Akwai ma'aunin tsami da masana ke amfani da shi, daga 0 zuwa 14, inda 7 ke tsakiya, wato matsayin tsabtataccen ruwa. Lafiyayyar fata tana wajen 5. Sabulun wanka na yau da kullum yana wajen 9 zuwa 10, can ɓangaren su toka da kanwa. Sabulun salo ma da muke ji da shi a wannan ɓangaren yake, tunda da tokar bawon ayaba ko ta kwasfar koko ake dafa shi. Shi ya sa idan kin wanke fuska da shi sai ki ji ta ɗaure, ta yi ƙeƙas. Mata da yawa suna ɗaukar wannan ɗaurewa a matsayin alamar tsabta, alhali rufin nan ne aka kankare. Fata kan mayar da shi da kanta cikin 'yan sa'o'i, amma kafin nan tana tsirara a gaban ƙura da ƙwayoyin cuta.

Nan ne tona ya samo asalinsa. Ruwa ne marar kauri da ake shafawa bayan wanki, ya kwashe ragowar sabulu, ya taimaka wa fata ta koma kan tsaminta, ya kuma bar ta da danshi yadda man da za a shafa daga baya zai bi jiki. Na da can yawancinsu suna ɗauke da sifirit mai yawa, suna zafi, suna busar da fata. Na yanzu sun kasu kashi biyu. Akwai masu sanya danshi, waɗanda ke ɗauke da gilisirin ko ruwan furen wardi. Akwai kuma masu ɗauke da asid mai ɓare matacciyar fata, kamar salisilik asid da gilaikolik asid, waɗanda aka yi domin masu maiƙo da ƙuraje. Ki san wanne ne a kan madubinki, domin aikinsu ba ɗaya ba ne.

Mu ɗauki kwaɓin yumɓu, wanda shi ne aka fi saye a nan. Wani da farar ƙasa ake yin sa, wani da bentonait, wani da ƙasar gasul ta duwatsun Atlas na Maroko, wani da ƙasar da Indiyawa ke kira multani mitti. Aikinsu duka ɗaya ne: tsotse maiƙo da dattin da ya toshe ƙofofin gashi. Ki fara wanke hannunki, sannan ki wanke fuska da ruwan ɗumi da sabulu mai taushi, domin yumɓu ba zai yi aiki a kan hoda da gumin wuni ba. Ki tsane da tawul mai tsabta, dannawa ake yi, ba gurzawa ba. Ki shafa kwaɓin siriri, ki bar zagayen ido da leɓe. Minti 10 zuwa 15 sun isa. A nan ne mata da yawa ke cutar da kansu: sai a bar shi ya bushe ƙamas har ya tsattsage, ana murna wai yana aiki. Da zarar ya gama shan maiƙon sama, abin da zai koma sha shi ne ruwan jikin fatar. Ki wanke shi tun gefensa ya fara yin haske tsakiyarsa na da sauran danshi. A lokacin hunturu ma ki rage mintocin, domin iskar kan busar da shi tun kafin ki ankara.

Bayan kin ɗauraye sai tona. Idan kin shafa shi kafin kwaɓin, yumɓun zai tsotse shi, ruwan ɗauraya ya tafi da sauran, kin yi asarar kuɗinki a banza. Ba a shimfiɗa tabarma sannan a yi shara. Ki zuba kaɗan a auduga ko a tafin hannu, ki bi fuskar a hankali, zai kwashe burbushin yumɓun da ya maƙale a gefen hanci da bakin gashi. Kafin ya gama bushewa ki bi da siram, wato ruwan gyaran fata mai ɗan kauri, idan kina da shi, sannan man shafawa. Ƙa'idar ita ce mai ruwa-ruwa a fara, mai kauri a ƙarshe, saboda ruwa ba ya ratsa mai. Wadda fatarta ke bushewa, ɗan man kaɗanya da ta murza a tafi har ya narke ya wadatar a ƙarshen. Mai maiƙo da ƙuraje ta nemi mai marar nauyi.

Mas ɗin ƙyalle, wanda ya yaɗu a duniya daga Koriya ta Kudu, sha'aninsa daban. Ba ya cire komai, zuba wa fata danshi yake yi. Ki wanke fuska, ki shafa tona, ki manna shi minti 15 zuwa 20, ki cire tun yana da laima, ki bubbuga ragowar ruwan da yatsu har ya shige, ki rufe da man shafawa. Kada ki wanke, kada kuma ki sake bi da tona. Sau ɗaya ake amfani da shi a yar. Haka ma man da ake kira mas ɗin barci, shi ne na ƙarshe a kan komai, da safe a wanke.

Kayanmu na gargajiya ma wannan tsarin suke bi. Kwaɓin kurkum da zuma, ko kindirmo da garin shinkafa, duk abin wankewa ne, don haka su ne gaba da tona. Dilka da ta zo mana daga Sudan ta hannun matan Barno ita ce jigon sana'ata, kuma ina alfahari da ita, amma murzar da ake yi wa hannu da ƙafa ba ita ake yi wa fuska ba. Fatar fuska ta fi laushi, a bi ta da sassauci, kuma ranar da aka yi mata dilka kada a ƙara mata yumɓu. Abu ɗaya da nake roƙon mata su cire daga kwaɓinsu shi ne lemun tsami. Tsaminsa yana wajen 2 a wancan ma'auni, ya fi ƙarfin fata nesa ba kusa ba, kuma akwai sinadari a cikinsa da idan ya haɗu da hasken rana yakan ƙona fata ya bar tabo. Haka man goge baki da wasu ke ɗorawa a kan ƙurji su kwana da shi.

Wannan magana ta tabo ita ce ta fi shafar mu baƙaƙen fata. Duk lokacin da fatarmu ta ji ciwo, ko ƙuna ce, ko ƙaiƙayi, ko matsar ƙurji, sai ta mayar da martani da ƙara baƙi a wurin, kuma tabon kan ɗauki watanni kafin ya dushe. Saboda haka mace ta goge fuska da abin gurza, ta ɗora yumɓu, ta bi da tona mai asid duk a dare guda, kashegari ta fita rana, ita da kanta ta gayyato tabon da take gudu. A daren da kika yi kwaɓin yumɓu, tona mai danshi za ki shafa, mai asid ya jira wani daren. Yumɓu sau ɗaya a mako ya ishi yawancin mata, mai maiƙo sosai ta yi sau biyu. Idan abu ya yi miki zafi ko raɗaɗi, wanke shi nan take. Zancen wai zafi alamar yana aiki ne ya lalata fuskoki da yawa.

Game da lokaci kuwa, shawarata ga 'yan uwana Musulmi ita ce bayan sallar isha'i. Muna alwala sau da yawa a wuni, duk abin da aka shafa da rana ruwa zai ɗauke shi. Da dare kuwa an gama zirga-zirga, an wanke ƙurar hanya, man zai kwana yana aiki. Da safe a taƙaita: wanki, tona ga mai so, man shafawa, sai man kariya daga rana mai lamba 30 ko sama, shi ne na ƙarshe kafin hoda. Baƙar fata ma tana buƙatarsa, musamman ga mai amfani da asid, domin asid na sa fata ta ƙara jin rana. A sake shafa man kariyar bayan alwalar azahar idan za a koma waje.

Akwai wani abu da ya fi rashin tsari haɗari. A kasuwannin wannan hanya, daga Masaka har Mararaba, da kuma shafukan Instagram da TikTok, ana sayar da ruwa a kwalabe marasa suna ana ce masa tona, alhali haɗin bilicin ne. Mai sayarwa za ta ce miki na gargajiya ne, ba ya canja launi, haske kawai yake fitarwa. A irin waɗannan haɗe-haɗen ne ake samun haidurokwinon fiye da kima, da mayukan sitiroid na bututu da aka yi domin cutar fata, wani lokacin har da zaiba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta kawo a wani rahotonta na 2011 cewa kashi 77 cikin 100 na matan Nijeriya na amfani da mayukan ƙara haske. A 2023 hukumar NAFDAC, ƙarƙashin Farfesa Mojisola Adeyeye, ta bayyana bilicin a matsayin matsalar lafiya ta gaggawa a ƙasar nan. Sakamakon kuwa muna ganinsa da idonmu a shago: kumatu sun ƙone sun yi baƙi-baƙi mai shuɗi, jijiyoyi sun fito kore, gaɓoɓin yatsu sun yi duhu, nankarwa ta keta hannu, ciwo ya ƙi warkewa. Zaiba kuma ba ta tsayawa a fata, tana kaiwa ga ƙoda, tana iya cutar da jaririn da ke ciki. Tona na gaskiya ba ya sauya launin kowa. Wanda aka ce zai haska ki cikin mako guda, bar shi a kan teburin mai shi.

Iyayen amare su ne suka fi matsa mini. Gwaggo za ta kawo yarinya saura kwana biyar biki, ta ce, "Hajiya, a zuba mata komai da komai, so nake ta fito ta ɗauki ido." Nakan ce, "Gwaggo, ki yi haƙuri, fata ba ta san gaggawa ba." Fata na ɗaukar kusan mako huɗu kafin ta sabunta samanta, don haka gyaran fuskar amarya wata guda kafin biki ake fara shi. Makon ƙarshe na hutu ne da danshi da isasshen barci, ba a gwada sabon abu a cikinsa. Duk sabon kaya ma, amarya ce ko ba amarya ba, a fara ɗiga shi a bayan kunne ko cikin dantse, a jira kwana biyu a ga ko zai tayar da ƙaiƙayi.

Zan faɗi abin da mai shago ba ta cika faɗa ba: tona ba dole ba ne, mas ma haka. Wadda kuɗinta bai kai ba, ta sayi sabulu mai taushi, da man shafawa, da man kariya daga rana, waɗannan uku sun fi tarin kwalabe goma amfani. Mai hali kuma ta ƙara sauran a kan tsarin da na bayyana.

'Yar uwa, kafin ki biya kuɗin kowace kwalba, juya bayanta ki nemi lambar NAFDAC, da jerin abin da ke ciki, da ranar lalacewa. Idan babu, kada ki saya ko da ƙawarki ce ke sayarwa. Idan kuwa kin daɗe kina shafa haɗin bilicin, ko ƙurajenki suna ruwa suna barin rami, shagon gyaran jiki ba wurin zuwanki ba ne, har da nawa. Ki nemi likitan fata a babban asibiti, irin Asibitin Ƙasa da ke Abuja, ki tafi masa da kwalaben da kike amfani da su ya gani.