Ɗan manomin da ya gano asirin liken

Yau labarin wani malami mai binciken tsirrai za mu ba ku. Sunansa Simon Schwendener. Don sauƙin karatu, mu kira shi Malam Simon. Ya yi suna a kan wani ɗan abu da mutane ke wucewa ba su kula da shi ba. Turawa na kiran abin liken.

Mine ne liken?

Liken wani abu ne mai rai da ke manne wa dutse ko ɓawon icce. Kamar ƙyasbi yake a jikin mutum. Wani toka-toka ne, wani rawaya, wani kore. Ba shi da saiwa, ba shi da fure. Nan ƙasarmu rani na da tsawo, shi ya sa ba shi da yawa. Amma waɗanda ke zuwa bida Abijan ko Legas sun san shi a jikin itatuwa. In ya bushe, sai ya yi kamar ya mutu. Da ya samu ruwa ko raɓa, sai ya farfaɗo. A duniya akwai irinsa wajen 20.000.

Daga gona zuwa jami'a

An haifi Malam Simon a shekarar 1829 a garin Buks, ƙasar Suwis. Ubansa manomi ne. Da farko aikin koyar da yara ya yi. Amma bai ce karatu ya ishe shi ba. Ya ƙaro ilimi a Janeba da Zurik, ya samu digirin dakta a 1856. A 1857 ya tafi Munik, ƙasar Jamus, ya zama mataimakin wani babban malami, Carl Nägeli. Can ya ƙware ga aiki da mikroskop, irin madubin nan da ake duba jini da shi a asibiti.

Shekara da shekaru yana yanka liken siriri-siriri yana dubawa. A 1867 anka ba shi kujerar farfesa a jami'ar Bazel. Cikin shekarar nan ya tashi gaban taron masana ya faɗi abin da ya gani.

Abin da ya gani

Malam Simon ya nuna cewa liken ba abu guda ba ne. Abu biyu ne sunka haɗu, suna zama tare. Na farko dangin hunhuna ne, irin wadda ke fitowa bisa tuwon da ya kwana biyu. Na biyu dangin gansakuka ne, koren nan da muke gani bisa ruwan tabki.

Kowa da aikinsa. Hunhuna ita ke gina gida da zarurrukanta. Ita ke kama dutse, ta riƙe ruwa, ta kare abokiyar zamanta daga zafin rana. Gansakuka kuwa ita ke yin abinci da hasken rana, kamar yadda ganye ke yi. Da wanga abinci su biyu ke rayuwa. Shi ya sa suke iya zama bisa dutse, inda ko haki ba ya tsira.

Ba a yarda da shi nan da nan ba

Manyan masana liken sunka ƙi maganar. Wasu har ba'a sunka yi masa. Babbansu, William Nylander, ya rasu a 1899 bai yarda ba. Malam Simon bai janye ba. A 1869 ya fito da littafi mai ƙarin hujja. Daga baya wasu masana sunka raba abin biyu, sunka sake haɗa su, liken ya fito. Gardama ta ƙare.

Shi ma akwai inda anka ƙara masa. Ya ɗauka hunhuna ce uwargijiya, gansakuka baiwa. Yau masana da yawa na ganin kowane ɓangare na samun nasa amfani. A 1878 ya koma jami'ar Barlin, ya koyar har 1910. Ya rasu a 1919 yana da shekara 90.

Ina ruwan manomi da wanga labari?

Bayan aikin Malam Simon, masana sunka shiga neman irin wanga zaman tare a wasu wurare. Sunka same shi cikin gona. A 1888 wani masani ɗan ƙasar Holan, Beijerinck, ya ware ƙwayoyin da ke zaune cikin saiwar dangin wake.

Ku gwada da kanku. Da damana, lokacin da wake ya fara fure, ku tono guda a hankali. Za ku ga ƴan ƙulu-ƙulu a jikin saiwa. Ku fasa ɗaya da farce. In cikinsa ja-ja ne, ƙwayoyin na aiki. Suna ɗauko azot daga iska su ba wake, shi kuma wake ya ba su abinci. Azot ɗin nan shi ne ƙarfin takin ure da muke saye da kuɗi a kasuwar Ƙonni. Gujiya ma haka take, gawo ma haka.

Ashe iyayenmu na Malbaza da Illela da ke haɗa hatsi da wake gona guda sun yi daidai. Mu ci gaba da haka. Inda munka shuka hatsi bana, mu sa wake ko gujiya baɗi. In muna ɗibar harawa, mu bar saiwa cikin ƙasa. Kada mu sare ƙananan gawo in muna sharar gona.

Tambaya don hira a ajin yaƙi da jahilci: wa ya taɓa ganin ƙulu-ƙulun saiwar wake? Da can, me yake tsammanin su ne?