Ganau ko tsohuwar gaba: Me kotu ke aunawa a ƙarar kisan kai?

A yankin noman rani na Kadawa, inda ruwan madatsar Tiga ke ratsa gonakin Kura, Bunkure da Garun Malam, saɓani kan iyakar gona ko layin ban-ruwa ba baƙon abu ba ne. A ce an wayi gari da gawar wani manomi a bakin magudanar ruwa, alhali kowa ya san jiya sun yi cacar baki da maƙwabcinsa. A majalisar unguwa an riga an yanke hukunci. A kotu kuwa, tambayar farko ita ce: wa ya gani?

Sashe na 221 na kundin Pinal Kod ya tanadi hukuncin kisa, amma sai masu gabatar da ƙara sun tabbatar da abu uku: mutum ya mutu, aikin wanda ake tuhuma ne ya kashe shi, kuma ya yi da niyya ko yana sane cewa mutuwa ce za ta iya biyo baya. Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ce dole hujjar ta kawar da duk wani kokwanto mai ma'ana.

Nauyin ganau

A babbar kotu, ganau ɗaya tak ya isa a kama mutum da laifi idan alƙali ya gamsu da shi. Kasancewarsa ɗan'uwan mamaci ba ya zubar da shaidarsa.

An ga haka a shari'ar Ummukulsum Sani Buhari, wato Ummita, wadda aka kashe a Janbulo cikin Kano a Satumba 2022. Mahaifiyarta, wadda ke gidan lokacin da abin ya faru, ta ba da shaida. Geng Quangrong, ɗan ƙasar China, ya yi bayanin maƙudan kuɗin da ya ce ya kashe mata, ya kuma ce kare kansa ya yi. Mai shari'a Sanusi Ado Ma'aji bai karɓi kariyar ba, ya yanke masa hukuncin rataya ranar 26 ga Maris 2024.

Sai dai ido ma yana kuskure. Shi ya sa kotunan Najeriya ke bin ƙa'idojin da wata kotun Ingila ta shimfiɗa a shari'ar Turnbull a 1976: nisan da ke tsakanin ganau da wurin, hasken da ake da shi, tsawon lokacin da ya kalla, da kuma ko ya san mutumin a da. Wanda ya hango inuwa daga ƙarshen gonar shinkafa bayan magariba ba daidai yake da wanda ke tsaye a gefe da rana tsaka ba.

Dalilin kisa fa?

Doka ba ta wajabta a gano dalilin kisa ba. Idan shaida ta yi ƙarfi, rashin sanin dalili ba ya kuɓutar da kowa. Idan kuma ta yi rauni, tsohuwar gaba ba ta cike giɓin, domin zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya. Amfanin dalili shi ne ƙarfafa hujjar da ke ƙasa, musamman wajen nuna niyya.

A shari'ar Maryam Sanda a Abuja, babu wanda ya ga lokacin da aka soki mijinta, Bilyaminu Bello, a Nuwamba 2017. Mai shari'a Yusuf Halilu ya dogara da alamu: rigimar da suka yi a daren, da kasancewarta ta ƙarshe da ke tare da shi. Ya yi watsi da bayaninta cewa kan fasasshiyar tukunyar shisha ya faɗa. An yanke mata hukuncin kisa a Janairu 2020, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar a Disamba.

A fiƙihun Malikiyya ma gaba kaɗai ba ta isa ba. Ana neman shaidu biyu adalai ko iƙirari, ko kuma alama mai ƙarfi wadda dangin mamaci za su ƙarfafa da rantsuwar ƙasama sau 50.

A kotun sama

Wanda babbar kotu ta yanke wa hukunci yana da kwana 90 ya ɗaukaka ƙara. Alƙalan sama ba kasafai suke sake kiran shaidu ba, kundin shari'a suke karantawa. Tunda alƙalin farko ne ya ga fuskar shaida ya ji muryarsa, da wuya su taɓa abin da ya gaskata, sai in ya saɓa wa abin da ke rubuce.

Nan ne lauyoyi ke tono. Shin abin da ganau ya faɗa wa 'yan sanda ya yi daidai da abin da ya faɗa a kotu? Ya ambaci sunan wanda ya gani tun ranar farko, ko sai bayan mako biyu? Idan wanda ake tuhuma ya ce yana kasuwar Kura a lokacin, ya kuma faɗi waɗanda yake tare da su, 'yan sanda sun je sun bincika?

Saɓani babba a ɗaya daga cikin waɗannan kan iya rushe hukunci bayan shekaru. Don haka bayanin da manomi ya bayar a ofishin 'yan sanda, tun laka ba ta bushe a ƙafarsa ba, shi ne alƙalan Kotun Ƙoli za su iya buɗewa wata rana a Abuja.