Tsadar Araha: Roba, Leda da Makomar Wasu Kalmomi a Paikon Kore

1.0 Gabatarwa

Bahaushe ya ce araha ba ta ado. Wannan maƙala za ta duba wata fuska ta arahar kayan roba da leda, wato asarar da ba a sa ta cikin farashi, ta hanyar kawo misali da Paikon Kore, wani ƙauyen Gbagyi (Gwari) da ke yankin Gwagwalada a Birnin Tarayya.

2.0 Wa Ke Biyan Cikon Kuɗin?

Ƙasar Gwari ta daɗe da shahara wajen ginin tukwane. Daga Kwali, maƙwabciyar Gwagwalada, Ladi Kwali ta fito, wadda ta shiga cibiyar koyon ginin tukwane ta Michael Cardew a Abuja (Suleja ta yanzu) a 1954, kuma hotonta ne a bayan takardar naira 20. To amma bokitin roba ya fi tulu sauƙin kuɗi da sauƙin ɗauka, ga shi ba ya saurin fashewa. Ba za a ga laifin matar da ta zaɓe shi ba. Sai dai cikon kuɗin yana kan maginiya, wadda kasuwarta ta ja baya.

Na biyu mai biya shi ne makiyayi. A Paikon Kore akwai makiyayar da hukuma ta keɓe wa dabbobi. Leda kuwa ba ta ruɓewa kamar ganyen da a da ake ƙunshe kaya da shi. Idan saniya ta haɗiye ta, sai ta taru a tumbi ta dunƙule, dabbar ta rage cin abinci, ta rame, nono ya ragu. Sau da yawa sai a hannun mahauci ake gane dalili.

Abin da ya fi shafar manazarcin harshe shi ne na uku. Kalmar leda ararriya ce daga kalmar Ingilishi mai nufin fata, roba kuma ta samo asali daga sunan danƙo. A yau roba ita kaɗai tana neman maye gurbin randa da tulu da kasko da akushi da masaki da ƙoƙo, alhali kowannensu yana da siffarsa da aikinsa. Yaron da bai taɓa ganin masaki ba, da wuya ya fahimci karin maganar da ke cewa kowace ƙwarya da abokiyar burminta, domin bai san yadda ake burma ƙore ba. Wannan a Hausa ke nan, mai ƙamusoshi irin na Bargery (1934). Kalmomin Gbagyi na yumɓu da gini da gashin tukwane, mafi yawansu a bakin tsofaffin maginan suke, kuma can ya kamata mai tattara kalmomi ya fara zuwa.