Kiɗan Da Ke Ɗaukewa A Wasan Intanet: Laifin Na'ura Ne?

Abin da ya jawo wannan rubutu wani ƙaramin al'amari ne da ya faru a gidanmu a zangon Kumasi. Wani ɗanmu da ke babbar sakandare ya tara 'yan kuɗin da yake samu wajen taya yayansa tsaron shago, ya ɗauki kwamfutar gida ya kai wa mai gyara, wai sifikarta ta lalace. Hujjarsa ita ce, duk lokacin da yake wasan Minecraft da abokansa ta intanet, kiɗan wasan yakan yi 'yan mintoci sai ya ɗauke ɗif, ba zai dawo ba sai an daɗe. Mai gyara ya canza sifika ya karɓi kuɗinsa, yaro ya dawo gida, kiɗa kuwa ya ci gaba da ɗaukewa kamar jiya.

Da muka bi diddigin maganar, sai muka tarar babu abin da ya sami kwamfutar tun farko. Haka aka tsara wasan. Tun da yake yaranmu a Nima da Sabon Zango da Tamale da sauran zanguna suna kan wannan harka dare da rana, mun ga ya dace mu yi bayanin abin da ke sa kiɗan ɗaukewa, da yadda za a sa shi ya ɗore, da kuma abin da ya kamata a kiyaye in an yi hakan, domin kada wani ya sake yin asarar kuɗi ko ta abin da ya fi kuɗi.

Inda Aka Faro

A shekarar 1978 wani injiniya ɗan ƙasar Japan mai suna Tomohiro Nishikado ya ƙera wa kamfanin Taito wasan Space Invaders, inda mai wasa ke harbin rundunar abokan gaba da ke saukowa daga sama. Kiɗan wannan wasa bai wuce sauti huɗu ba, masu kauri, suna zagayowa ba tsayawa. Yayin da abokan gaba ke raguwa suna kuma matsowa, sai bugun ya ƙara sauri, zuciyar mai wasa ita ma ta bi shi. Wanda ya taɓa zuwa gayya a ƙasar Hausa ya ga yadda gangar noma ke ingiza samari a kan kunya, ba zai sha wahalar gane wannan dabara ba. In kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya.

Bayan shekara bakwai, wato a 1985, kamfanin Nintendo ya fitar da Super Mario Bros., wanda Koji Kondo ya tsara wa kiɗa. Dukkan wasan, da hotunansa da kiɗansa, bai wuce kilobait 40 ba, wato hoto guda da muke ɗauka da waya a yau ya ninka shi nauyi sau da yawa. Saboda ƙarancin wurin ajiya, dole kiɗan ya zama gajere, in ya kai ƙarshe ya koma farko. A wancan zamani wannan bai dami kowa ba, domin kowane mataki na wasan 'yan mintoci ne, kuma in lokaci ya kusa ƙarewa kiɗan yakan ƙara sauri ya gargaɗi mai wasa.

Da wasa ya koma kan intanet sai lissafi ya canza. Mutum yakan zauna awa uku ko huɗu a wuri guda cikin wasa, yana gini ko yana hira da abokai. Masu tsara wasanni suka lura cewa komai daɗin kiɗa, in aka maimaita shi sau hamsin a zama ɗaya, zai gunduri mai sauraro har ya kashe shi gaba ɗaya. Shi ya sa suka fara sanya shiru a tsakani da gangan.

Shirun Da Aka Tsara

Minecraft, wanda kamfanin Mojang na ƙasar Siwidin ya kammala fitarwa a 2011, shi ne babban misali. Kiɗansa na asali wani Bajamushe ne, Daniel Rosenfeld, ya tsara shi. A tsarin wasan na kwamfuta, in kiɗa ɗaya ya ƙare, na'ura takan jira tsakanin minti 10 zuwa 20 kafin ta sako wani. Wannan jiran ne ɗanmu ya ɗauka lalacewar sifika. Shekara da shekaru babu hanyar rage shi sai da ƙarin manhajoji na waje. A watan Yuni na 2025 ne aka fitar da sabon zubi mai lamba 1.21.6, aka sa zaɓi a sashen sauti mai suna Music Frequency. Wanda ya zaɓi Constant a nan, kiɗa zai riƙa bin kiɗa ba tare da dogon jira ba.

Haka abin yake a World of Warcraft na kamfanin Blizzard da ke Amurka, wanda ya fito a 2004. Kowane yanki na duniyar wasan da kiɗansa. In ka shiga gari kiɗan garin zai tashi, in ya ƙare sai a bar ka da kukan tsuntsaye da motsin iska na ɗan lokaci. Mai son ya ɗore sai ya shiga saitin sauti ya kunna Loop Music, shi ke nan.

Akwai kuma wasannin da bai kamata a nemi kiɗa a cikinsu ba sam. Free Fire da ya fito a 2017 da PUBG Mobile na 2018, waɗanda suka fi yawa a wayoyin samarinmu, suna da kiɗa a zauren jira kafin a fara fafatawa, amma da an sauka fagen daga sai a yi tsit. Dalili kuwa, mai wasa da kunne yake gane takun abokin gaba da inda harbi ya fito. Wanda ya cika kunnensa da kiɗa a irin wannan wasa, shi za a fara kayarwa.

Sauran Dalilai

Ba kowane ɗaukewar kiɗa ne na ganganci ba. Mun tattaro dalilai huɗu da aka fi cin karo da su.

Na farko, barin fuskar wasa. Wasanni da yawa na kwamfuta sukan yi shiru da zarar mutum ya koma wata taga don duba saƙo. A World of Warcraft maganin wannan shi ne kunna Sound in Background, wasu wasannin ma suna da makamancinsa a saitin sauti.

Na biyu ya shafi wasannin da ake yi kai tsaye a cikin burauza. A watan Afrilu na 2018 kamfanin Google ya sa wa Chrome dokar hana shafi sakin sauti kafin mai amfani ya taɓa shi, domin maganin tallace-tallacen da ke tashi da ihu ba a gayyace su ba. Dokar ta bar ɗimbin wasanni bebaye, har kamfanin ya janye wani sashe nata a watan Mayu, sannan ya maido da shi a Disamba na wannan shekara. Don haka in ka buɗe wasa a burauza ka ji shiru, fara danna cikin fuskar wasan sau ɗaya, sannan ka duba ko an toshe sautin shafin.

Na uku na masu waya ne, musamman masu kashe kiɗan wasa su sa nasu. Wayar Android takan ba manhaja ɗaya fifikon sauti a lokaci guda. In kira ya shigo, ko saƙon murya, ko wasan ya karɓe fifikon, sai manhajar kiɗa ta dakata, wani lokaci ba ta ci gaba da kanta. Kazalika tsarin tattalin batir yakan rufe manhajar da ke aiki a bayan fage, haka ma in ƙwaƙwalwar wayar ƙarama ce wasan ya cinye ta. Abin yi shi ne a cire manhajar kiɗa daga jerin waɗanda ake taƙaita wa batir, a kunna alamar maimaitawa, a sauke kiɗan wasan zuwa sifili amma a bar sauran sautukansa. Ya fi kyau kuma a sauko da waƙoƙin cikin waya tun da wuri, domin jawo su ta intanet ana tsakiyar wasa yana cin data yana kuma sa wasan sarƙewa.

A nan ya kamata mu gyara wani kuskure da muke yawan ji a bakin yara, wai rashin ƙarfin sabis ne ke yanke kiɗa. A wasannin da aka girka cikin na'ura, kiɗan yana ajiye ne a cikinta. Abin da ke kai da komo ta intanet shi ne labarin motsin 'yan wasa da hirarsu. Sayen ƙarin data ba zai dawo da kiɗan da aka tsara ya yi shiru ba.

Na huɗu na masu koyon ƙera wasa ne, kuma muna da su, tun da a ƙasar nan akwai kamfani irin Leti Arts da Eyram Tawia da abokinsa ɗan Kenya Wesley Kirinya suka kafa a 2009. Mai koyo yakan sa kiɗan MP3 ya umarce shi da maimaitawa, sai ya ji ɗan tsinkewa duk lokacin da ya zagayo. Asalin abin shi ne, MP3 yana yanka sauti gunduwa-gunduwa, kowace ɗaya wajen kashi 26 cikin 1,000 na daƙiƙa, kuma wajen matsa sautin akan ƙara ɗan shiru a farko da ƙarshe. Kunne kuwa ba ya raina wannan ɗan giɓi. Shi ya sa masu sana'ar suka fi amfani da tsarin Ogg ko WAV, shi kansa Minecraft da Ogg yake ajiye sautukansa. Sai kuma a yanke kiɗan daidai kan gaɓar bugu, yadda ƙarshensa zai faɗa kan farkonsa kamar yadda 'yan amshi ke karɓa daga bakin mawaƙi.

Kunne Ba Ya Da Mai Gyara

Yanzu mun zo kan abin da ya fi damunmu a matsayin iyaye. Yawancin yaranmu da iyafis suke wasa, saboda gidajenmu na haya ne, ɗaki na jikin ɗaki, ga hayaniyar unguwa. In hayaniya ta yi yawa sai yaro ya ƙure ƙarar don ya danne ta. Shirun da masu wasa suka sa a tsakani yana ba kunne hutu ko da ba don haka aka sa shi ba. Ranar da aka cire shi, kunne zai yi awa uku ko huɗu yana aiki ba numfasawa.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa matasa fiye da biliyan ɗaya ne ke cikin haɗarin raunin ji saboda yadda suke sauraron sauti mai ƙarfi. Ma'aunin da ta bayar shi ne, babba zai iya sauraron sauti mai ƙarfin desibel 80 har awa 40 a mako ba tare da cutuwa ba. In ya kai desibel 90, lokacin ya ragu zuwa awa 4 kacal a mako. Ga yara kuwa, ma'aunin desibel 75 ne na awa 40. A cikin kunne akwai wasu ƙananan ƙwayoyi masu kamar gashi waɗanda ke karɓar sauti, in ƙara ta kashe su ba sa sake tsirowa. Alamar farko sau da yawa ita ce wani siririn kuka da mutum ke ji a kunne bayan ya cire iyafis, ko ya riƙa jin maganar mutane kamar daga nesa.

Al'amarin ya kai ga cewa a watan Maris na 2025, daidai da Ranar Ji ta Duniya da ake yi ran 3 ga wata, hukumar tare da Ƙungiyar Sadarwa ta Duniya suka fitar da ƙa'ida ta musamman kan sauti a wasannin bidiyo. Daga cikin abin da ƙa'idar ta nema akwai a ba mai wasa damar rage kowane irin sauti daban, a riƙa lissafa yawan ƙarar da ya sha, a kuma gargaɗe shi in ya wuce kima. Amma kafin kamfanoni su cika wannan, tsaron yana hannunmu a gida.

Shawararmu ga samari ita ce, in kun sa kiɗa ya ɗore, ku sauke shi ƙasa da sauran sautukan wasan, kuma kada ƙarar na'ura ta wuce kashi 60 cikin 100, kamar yadda hukumar ta shawarta. Ku riƙa cire iyafis kuna hutawa lokaci-lokaci. Ga iyaye kuma akwai gwaji mai sauƙi: ki tsaya kusa da ɗanki, tazarar hannu guda, ki kira shi da muryar da kika saba. In bai ji ba, ko kuma ke kina jin kiɗan da ke fita daga iyafis ɗinsa, to ƙarar ta yi yawa. Wanda kukan kunne ya ƙi barinsa bayan kwana ɗaya ko biyu, a kai shi sashen kunne da hanci da maƙogwaro na asibiti, kamar na Komfo Anokye a Kumasi ko Korle Bu a Akra. Kada a ɗiga masa mai ko wani haɗi a gida.

Shi ɗanmu da muka fara da labarinsa, mun nuna masa inda zaɓin yake, ya kunna kiɗan ba tsayawa. Bayan mako guda muka tarar ya mayar da shi yadda yake a da. Da muka tambaye shi dalili, sai ya ce kiɗan ya fi daɗi in ya zo ba a zata ba, kuma yanzu yana jin kiran mahaifiyarsa tun karo na farko. Kuɗin sifika dai sun tafi, sai dai mu ce Allah ya mayar da alheri.