Kujerun Ma'aikatan Gwamnati a Majalisar Arewa, 1947 zuwa 1951

A nan birnin New York majalisar dokokin Amurka ta fara zama a 1789, ƙarƙashin tsarin mulkin da ya haramta wa mai riƙe da muƙamin gwamnatin tarayya zama ɗan majalisa. Turawan Ingila kuwa, da suka tashi kafa majalisa a Arewacin Nijeriya, a kan akasin wannan ƙa'ida suka gina ta. Sun keɓe kujerun da ba ƙuri'a ke bayar da su ba, sai muƙami.

Tsarin mulkin Richards, wanda ya fara aiki a 1947, shi ya samar da Majalisar Wakilai a Kaduna. Babban Razdan ne shugabanta, tare da wasu jami'ai 18: Razdanonin larduna da manyan ma'aikatan ilimi, lafiya, aikin gona da makamantansu. Kujerar ta ofis ce, ba ta mutum ba. Idan aka yi wa Razdan canjin wurin aiki, wanda ya gaje shi ya gaji kujerar, ba tare da an tambayi talakan lardin ba.

A rubuce, wakilan da ba jami'ai ba su ne masu rinjaye, domin ba su gaza 20 ba. A nan ne, a ganina, lissafi yake yaudarar mai nazari. Shida daga cikinsu Gwamna ne ya naɗa su, sauran kuma En'e ce ta zaɓo su daga cikin mutanenta. Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa malamin makaranta ne a Bauchi; Ahmadu Bello, da ya shigo a 1949, ɗan majalisar Sarkin Musulmi ne. Albashin irin waɗannan wakilai daga baitulmalin da Razdan ke sa wa ido yake fitowa. Wato ma'aikaci ne ke fuskantar ma'aikaci, ɗaya a saman ɗaya. Sai an fahimci haka za a gane nauyin ƙudurin da Ɓalewa ya gabatar a watan Agustan 1950, yana neman a gyara tsarin En'e: iyayen gidansa ya kalla ya faɗa wa.

Tsarin mulkin Macpherson na 1951 ya rage kujerun jami'ai zuwa huɗu, ya kawo zaɓaɓɓu 90. Amma zaɓen hawa-hawa ne, kuma an bai wa En'e damar cusa mutanenta a matakin ƙarshe. A Kano, jam'iyyar NEPU ta yi nasara a matakin farko cikin birni, ta tashi ba ta da kujera ko ɗaya a Kaduna.