Daga Kutama Zuwa Dala da Kusugu: Yawon Yini Guda a Wuraren Kakanninmu

Daga Kutama zuwa gindin Dutsen Dala, tafiyar ba ta kai awa biyu a mota ba. Amma in ka shiga makarantunmu ka tambayi yara labarin Dala, sai su yi ta kallon juna. Tambaye su Dutsen Sina'i, kowa zai ɗaga hannu. Tambaye su rijiyar Yakubu, har ƙaramin cikinsu zai ba ka labarin matar da ta zo ɗiban ruwa da tsakar rana. Wannan abin murna ne, mun gode wa malaman makarantar Lahadi. To, rijiyar Kusugu fa? Yaron da bai san labarin ƙasarsa ba, ran da wani ya ce masa, "Tun da kai Kirista ne, ai kai ba Bahaushe ba ne," ba shi da amsa sai sunkuyar da kai.

Saboda wannan ne muka ɗauki 'yan aji shida da waɗansu iyaye muka yi yawon yini guda zuwa Kano da Daura. Kafin in faɗi abin da muka gani, bari mu duba yadda wata al'umma mai nisa take riƙon irin waɗannan wurare, gama akwai abin koyi.

Yadda mutanen Japan suke yi

A tsibirin Kiyushu na ƙasar Japan akwai wani ɗan gari cikin duwatsu, sunansa Takaciho. Motoci suna kwaso baƙi daga birane da safe tare da mai nuna musu wuri, su mayar da su da yamma. Da fari akan kai su wani kwazazzabo mai zurfi inda kogin Gokase ya ratsa dutse, ruwa yana zubowa daga sama kamar mita 17, mutane suna zagawa ƙarƙashinsa cikin kwalekwale. Sa'an nan a kai su ɗakin bauta na Amano Iwato.

Labarin wurin yana cikin tsohon littafinsu, Kojiki, wanda aka gama rubutawa a shekara ta 712. Wai Amaterasu, allahiyar rana a addininsu na gargajiya, ta yi fushi da ɓarnar ƙanenta Susano'o, ta shige kogo ta rufe da dutse, duniya ta yi duhu. Sauran alloli suka taru a bakin kogi suna shawara. Wata daga cikinsu ta tashi ta yi rawa, taro ya fashe da dariya. Amaterasu ta leƙo ta ga abin da ake wa dariya, aka nuna mata madubi, wani ƙaƙƙarfa ya jawo ta waje, haske ya komo. Har yau masu hidimar wurin suna raka baƙi su hangi kogon daga ƙetaren kogi, ba a kuwa yarda a ɗauki hotonsa. Kowane dare kuma ana yin rawar wannan labari domin baƙi.

Japan ƙasa ce ta injiniyoyi da likitoci. Ɗan makarantar can ya san rana ba mace ba ce da za ta ɓuya a kogo. Duk da haka an share wurin, an gyara hanya, an koya wa masu jagora labarin daki-daki. Mu ma muna da namu dutsen da tamu rijiyar.

Dutsen Dala

Mun bar Kutama da ƙarfe shida na safe, muka bi ta Gwarzo da Rimin Gado, muka shiga Kano ta Kabuga. Da hantsi muna gindin Dala. Ƙwanƙolin dutsen yana kamar mita 534 bisa teku, akwai kuma matakalar siminti har sama. Yara suka haye a guje, iyaye suna biye suna haki.

Daga sama birni duka yana ƙarƙashin ƙafarka: ga Goron Dutse a yamma, ga babban masallacin Juma'a da Gidan Rumfa, ga unguwanni sun miƙe har inda ido ya tsaya. Wani dattijo ɗan unguwar, wanda muka shirya da shi tun kafin ranar, ya zaunar da yaran ya ce, "'Ya'yana, inda kuke zaunen nan, nan Kano ta fara."

Abin da ya faɗa ya yi daidai da littafin Tarihin Kano, wanda wani Bature, H. R. Palmer, ya juya zuwa Turanci a 1908. Littafin ya ce Barbushe, jikan jikokin Dala, ƙato ne baƙi, maharbi, wai da sandarsa yake kashe giwa ya ɗauko ta a ka. Shi ne babban mai hidimar Tsumburbura. Wurin bautar wata itaciya ce da ake kira Shamus, an kewaye ta da katanga, ba mai shiga sai shi. Kwana biyu kaɗai a shekara yake saukowa daga dutsen. Jama'a su taru daga gabas da yamma da baƙin kare da baƙar kaza da baƙin bunsuru. In dare ya yi ya shiga, ya fito ya gaya musu abin da shekara za ta kawo. Wata rana ya ce musu wani mutum zai zo da rundunar yaƙi ya mallake su.

Littafin ya sa zuwan Bagauda, sarkin Kano na fari, a shekara ta 999. Jikansa Gijimasu ya fara gina ganuwa. Sarki Tsamiya, wanda ya yi mulki daga 1307 zuwa 1343, ya rushe katangar wurin bautar. A zamanin Sarki Yaji, 1349 zuwa 1385, Wangarawa suka zo daga Mali da addinin Musulunci. Mutanen ƙauye da suka ci gaba da riƙon al'adar dā su ne aka san su da sunan Maguzawa, da yawa daga cikinmu kuwa a ƙasar Gwarzo da Kabo jikokinsu ne.

Wata yarinya ta ɗaga hannu ta ce, "Baba, da gaske ne mutum ya ɗauki giwa a ka?" Dattijon ya yi murmushi ya ce, "'Yata, kunne ya girmi kaka. Haka na ji, haka na faɗa miki. Sauran ki tambayi malaminki." Amsar nan ta burge ni, gama bai yi wa yarinyar ƙarya ba, bai kuwa rena labarin garinsa ba.

Abu ɗaya ya ɓata mana rai. Gidaje sun matso har jikin dutsen, ruwan sama yana zaizaye gefensa, ga shara nan da can. Tun 2007 sunan Dala da ganuwar Kano yake cikin jerin wuraren da Nijeriya ta miƙa wa hukumar UNESCO domin a duba su zama kayan gādon duniya. Wanda ya ga hoton Takaciho ya zo ya ga Dala, zai san muna da sauran aiki.

Da muka sauko muka tsaya awa guda a Gidan Makama, daura da gidan Sarki. An ce an gina shi domin Muhammadu Rumfa kafin ya hau sarauta a 1463, yanzu kuwa gidan adana kayan tarihi ne. Yara suka ga tsofaffin ƙyamaren ƙofofin birni da kayan yaƙi da hotunan zamanin da Turawa suka ci Kano a 1903.

Rijiyar Kusugu

Daga Kano muka kama hanyar Kazaure, tafiyar kamar awa biyu, muka isa Daura da azahar. Rijiyar tana cikin gari, an gina mata ɗaki. Mai kula da ita ya karɓe mu da fara'a, ya ba yaran labarin Bayajida.

Wai ɗan sarkin Bagadaza ne. Ya zo Barno ya auri 'yar sarki, rikici ya tashi ya gudu, ya bar matarsa a Garun Gabas inda ta haifi Biram. A Gaya maƙera suka ƙera masa wuƙa. Ya iso Daura da dare ya sauka gidan wata tsohuwa, Ayana, ya roƙi ruwa. Ta ce babu, gama macijin da ake kira Sarki yana hana ɗiba sai ran Juma'a. Ya karɓi guga ya tafi, macijin ya fito da kai, ya sare shi. Sarauniya Daurama ta yi alkawarin rabin gari ga wanda ya kashe macijin, shi kuwa ya ce aure yake so. Ɗansu Bawo ya haifi 'ya'ya shida da suka yi sarautar Daura, Kano, Katsina, Zazzau, Gobir da Rano. In ka haɗa da Biram, ka sami Hausa Bakwai. Bagauda na Kano ɗaya ne daga cikin 'ya'yan Bawo, da haka labarin rijiyar ya haɗu da na dutsen da muka hau da safe. Mutanen Daura suna cewa rijiyar ba ta taɓa ƙafewa ba.

A mota na ba yaran wani labari daga Japan. Susano'o, wannan da ya ɓata wa yayarsa rai, an kore shi ya sauka ƙasar Izumo yana baƙo. Ya tarar da tsoho da tsohuwa suna kuka, domin wani maciji mai kai takwas yana cin 'ya'yansu mata ɗaya kowace shekara, saura ɗaya. Ya sa aka cika randuna takwas da giyar shinkafa, macijin ya sha ya bugu, ya sassare shi, ya auri yarinyar. Wani yaro ya ce, "Malam, ai Bayajidansu ke nan!" Lalle kuwa. Baƙo, maciji, takobi, aure: ƙasashe biyu da ba su san juna ba a zamanin dā, amma ƙashin labarin ɗaya ne.

Ina tarihi, ina almara?

Aikin malami da iyaye shi ne su taimaki yaro ya rarrabe. Masu haƙa ƙasa don bincike sun sami alamun narka tama a Dala tun wajen ƙarni na 7, watau shekaru ɗaruruwa kafin Bagauda. Labarin Bayajida kansa ya nuna haka: ya tarar da gari da sarauniya da rijiya, ya tarar da maƙera a Gaya. Ashe labarin yana bayyana asalin gidajen sarauta ne da zumuncin da ke tsakaninsu. Hausawa kam suna nan tun kafin baƙon ya zo. Waɗansu masana sun ce mai yiwuwa sunan Bayajida ya fito daga Abu Yazid, wani ɗan tawaye na Arewacin Afirka da ya mutu a 947, waɗansu ba su yarda ba.

A Japan ma gidan sarauta ya jingina asalinsa ga Amaterasu, har aka riƙa koya wa yara labarin a makaranta kamar tarihi. Sai bayan yaƙin duniya na biyu, ran 1 ga Janairu 1946, Sarki Hirohito ya fitar da sanarwa cewa shi ba allah ba ne cikin jikin mutum. Almara tana da daɗin ji, tana kuma koya mana tunanin mutanen dā. In aka tilasta ta zama gaskiyar da ba a tambaya, sai ta zama abin cuta.

Ya dace Kirista ya je?

Waɗansu iyaye sun hana 'ya'yansu zuwa. Wata uwa ta ce mini, "Malam, kakanninmu sun bar tsafi da ƙyar, kai kuma za ka mai da yara can?" Ban ga laifinta ba, gama ta san abin da gidansu ya sha. Amma mu tuna da Manzo Bulus a Atina, cikin Ayyukan Manzanni sura 17. Ya zaga birnin, ya dudduba wuraren bautarsu, ya karanta abin da aka rubuta a jikin bagade, daga nan ya ɗauko wa'azinsa. Dubawa daban, durƙusawa daban. A Dala ba mu yanka kome ba. A Kusugu waɗansu baƙi suna ɗibar ruwan domin neman magani, mu kuwa mun gaya wa yaranmu ruwa ne kamar na rijiyar gidansu, ba mu kuma yi wa kowa ba'a ba. Yaron da ya tsaya a kan Dala ya ji labarin baƙin kare da bunsuru, shi ne zai gane nauyin abin da kakansa ya yi ranar da ya karɓi baftisma.

Ga masu son shiryawa

A zaɓi lokacin rani, sanyin hunturu ya fi daɗin hawan dutse. A kauce wa Juma'a saboda cunkoso a tsakiyar birni. A aika mutum tun mako guda kafin ranar ya shirya da mai jagora, ya tambayi kuɗin shiga da lokacin buɗewa. A tambayi labarin hanya kafin a tashi, a bar Daura kafin la'asar domin a iso gida da sauran haske. In yaran ƙanana ne, Kano kaɗai ta isa yini guda, a bar Daura sai wani karo. Kowane yaro goma a ba su babba ɗaya, kowa ya riƙe ruwa da littafin rubutu. A yi shiga ta mutunci, a gai da dattawa, a nemi izini kafin ɗaukar hoto, gama a cikin unguwannin mutane ake tafiya.

Zumuntar mata da ta matasa suna iya haɗa kuɗin mota tun daga kaka. In an dawo, a sa yara su ba da labarin a gaban tsofaffin gida. Sau da yawa a nan ne kaka za ta buɗe baki ta faɗi abin da ba ta taɓa faɗa ba game da dutse ko tsamiyar da ke bayan ƙauyenku. A rubuta shi tun tana da rai.